Bashin rupi miliyan 900: yadda wani tsohon jarumin Indiya ya karye, da yadda ya biya

Wannan nazari ya bi sawun wani jarumin finafinan Hindi tun daga lokacin da ya kafa kamfani a tsakiyar shekarun 1990, har zuwa ranar da bashi ya kusa raba shi da gidansa, da kuma hanyar da ya bi ya fita. An sakaya sunansa, ko da yake duk wanda ya taɓa zama a silima a Kano ko Kaduna ko Jos a shekarun 1970 da 1980 zai gane shi tun a sashe na farko.

Kafin matsalar: 1969 zuwa 1992

An haife shi ranar 11 ga Oktoba, 1942, a Allahabad da ke jihar Uttar Pradesh. Mahaifinsa sanannen marubucin waƙoƙin Hindi ne. Da ya gama karatu a Delhi ya yi 'yan shekaru yana aikin ofis a Kalkata, sannan ya ajiye ya nufi Bombay. Fitowarsa ta farko a 1969 ce, kuma a shekaru huɗun da suka biyo baya yawancin finafinan da ya ja ba su mayar da kuɗinsu ba. A 1973 fim ɗin Zanjeer ya ɗaga shi, inda ya fito a ɗan sanda mai zafin zuciya, mai ƙarancin magana, wanda ba ya jiran kowa ya ƙwato masa haƙƙi. Salon ya zo daidai da lokacin da tsadar rayuwa da rashin aikin yi suka ishi talakan Indiya, shi ya sa ya riƙe kasuwa da shi sama da shekara 10.

A wancan zamani bankuna ba su cika ba harkar fim rance ba, domin gwamnati ba ta lissafa ta cikin masana'antu ba. Furodusa yakan sayar wa dillalai haƙƙin nuna fim yanki-yanki tun kafin a gama ɗauka, su riƙa biyansa kashi-kashi. Abin da ya rage sai ya ciwo bashi wurin masu ba da kuɗi da ruwa, waɗanda ke lissafa ruwansu wata-wata. Abin da ke sa dillali ya saki kuɗinsa kan fim ɗin da bai gani ba shi ne sunan jarumi, kuma a ƙarshen shekarun 1970 sunan wannan mutum kaɗai ya ishi furodusa lamuni.

Abubuwa uku suka rage masa ƙarfi. Ranar 26 ga Yuli, 1982, ana ɗaukar faɗa a fim ɗin Coolie a Bangalore, ya bugi gefen tebur da cikinsa, ya samu mummunan rauni. An yi masa tiyata fiye da sau ɗaya, ya yi kusan wata biyu a kwance, mafi yawa a asibitin Breach Candy da ke Bombay. Cikin jinin da aka ƙara masa ya kamu da ciwon hanta nau'in B, wanda ba a gano ba sai bayan kusan shekara 20. A ƙarshen 1984 kuma ya shiga siyasa don mara wa abokinsa Rajiv Gandhi, firaministan Indiya na lokacin, baya, ya ci kujerar majalisar tarayya ta Allahabad da gagarumin rinjaye, sannan ya ajiye ta a 1987 bayan jaridu sun jefa sunansa cikin badaƙalar sayen bindigogin kamfanin Bofors na ƙasar Sweden. Ba a taɓa kama shi da laifi ba, kuma a 2012 tsohon shugaban 'yan sandan Sweden da ya jagoranci binciken ya ce cusa sunan aka yi. Na uku shi ne kasuwa: finafinan da daraktocin da suka gina shi, Manmohan Desai da Prakash Mehra, suka yi masa a 1988 da 1989 sun faɗi. A 1992, yana da shekara 50, ya daina karɓar sabon aiki.

Hutu da kafa kamfani: 1992 zuwa 1996

Cikin shekarun da ya janye, Indiya ta canza. Gwamnati ta buɗe tattalin arziki a 1991, tashoshin tauraron ɗan adam suka shiga gidaje, tashar Zee TV ta fara aiki a Oktoba 1992. A silima kuma labaran soyayya da na iyali suka kori labarin ramuwar gayya, samari irin su Shah Rukh Khan da Salman Khan da Aamir Khan, dukansu haihuwar 1965, suka karɓe fage.

A 1995 ya kafa kamfanin da aka sani da ABCL, da burin ya zama kamfanin nishaɗi na rupi biliyan 10 kafin shekarar 2000. Kamfanin ya shiga harkoki da dama a lokaci guda: shirya finafinai, dillancinsu, buga kaset-kaset na waƙoƙi, shirya shirye-shiryen talabijin da sayar da su, kula da harkokin fitattun mutane, da shirya manyan bukukuwa. An ɗauko ƙwararrun manajoji daga manyan kamfanoni da albashi mai tsoka, abin da ba a saba gani ba a harkar da iyalai ke gudanarwa da kansu. Fim na farko da kamfanin ya shirya, a 1996, da sababbin fuskoki aka yi shi, ya kuma yi kasuwa daidai gwargwado.

Abubuwa biyu na tsarin kamfanin ne za su yi nauyi daga baya. Albashi da hayar ofisoshi da ruwan banki duk wata ake biyansu, alhali kuɗin fim sai an gama, an fitar, an ga abin da ya kawo, wani lokaci bayan shekara biyu. Sannan jarumin ya sa hannu a matsayin mai tsaya wa kamfanin da ƙashin kansa kan basussukan da aka ciwo. Ma'anar wannan sa hannu a doka ita ce, idan kamfani ya kasa biya, mai bin bashi na da damar bin dukiyar wanda ya tsaya, har da gidan da yake kwana.

Gasar sarauniyar kyau: Nuwamba 1996

A 1994 'yan Indiya biyu sun lashe manyan gasannin sarauniyar kyau na duniya, Aishwarya Rai da Sushmita Sen. Kan wannan farin jini kamfanin ya ɗauki nauyin kawo gasar Miss World Indiya a karon farko, aka tsayar da Bangalore. Lissafin shi ne kuɗin masu talla, da haƙƙin watsawa a talabijin, da tikitin shiga, za su rufe abin da aka kashe su bar riba.

Ba a lissafa da adawa ba. Ƙungiyoyin mata, da 'yan gurguzu, da masu kishin addinin Hindu, da wata ƙungiyar manoma ta jihar Karnataka, kowa da dalilinsa, suka yi ca a kan gasar. Aka kai ƙara kotu. Wani saurayi ya banka wa kansa wuta a Madurai ya mutu. Dole aka ɗauke ɓangaren kayan iyo aka kai tsibiran Seychelles, wato ƙarin jirgi da masauki da ma'aikata da ba su cikin kasafi. An yi bikin ƙarshe ranar 23 ga Nuwamba a filin wasa na Chinnaswamy, 'yan takara 88, dubban 'yan sanda na gadi, wata 'yar Girka ta lashe. Mai karatu a Najeriya zai tuna abin da wannan gasa ta jawo a 2002, har aka mayar da ita Landan.

An yi taro an tashi, amma kamfanin ya fito da asara mai yawa da kuma ƙararraki daga waɗanda ba a biya ba. Daga 1997 kuɗin gudanarwa ya fara yankewa.

Gwajin farko, komawa fim da tsohon salo: 1997 zuwa 1999

Maganin da aka fara gwadawa shi ne wanda ya saba aiki a da: a sa jarumin a gaba, dillalai su kawo kuɗi. A 1997 kamfanin ya fitar da Mrityudata, fim ɗin dawowarsa bayan hutun shekara biyar, labarin fushi da ramuwa irin na shekarun 1970. Yana da shekara 54, aka rina masa gashi, aka haɗa shi da faɗa da rawa. Fim ɗin ya faɗi warwas, kuma da yake kamfanin ne ya zuba kuɗin, asarar ta hau kan tsohon bashi.

Ba a sauya hanya ba. A 1998 wani fim da kamfanin ya shirya, inda ya fito a hafsan soja, ya ɗan taɓuka. A wannan lokacin ne ɗansa ya baro karatu a Boston ya dawo gida yana ƙananan ayyuka a wurin ɗaukar fim ɗin. Wani fim na barkwanci na wannan shekarar ya yi kasuwa, sai dai mafi yawan yabon Govinda ya samu, wanda suka fito tare. A 1999 finafinai huɗu suka fito da shi a gaba, a biyu daga ciki yana taka rawar uba da ɗa a lokaci guda, babu wanda ya kawo kuɗin da za a ce ya rage nauyi. Masu kallon da ke cika silima a lokacin samari ne 'yan ƙasa da shekara 30, jaruman da suke zuwa gani kuwa sa'anninsu ne ko yayyensu. In kiɗa ya canza, rawa ma sai ta canza. Dillalan da a da ke rububin fim ɗinsa suka fara rage farashi.

Kotu da hukumar farfaɗo da kamfanoni: 1999

A farkon 1999 kamfanin ya kai kansa gaban hukumar BIFR, wadda aka kafa ƙarƙashin wata doka ta 1985 don duba kamfanonin da asararsu ta cinye jarinsu. Amfanin wannan mataki a fili yake: da zarar hukumar ta karɓi lamarin kamfani, doka na dakatar da ƙararrakin ƙwato bashi a kansa har sai an tsara yadda za a farfaɗo da shi ko a rufe shi. A cikin shekarar hukumar ta ayyana ABCL a matsayin kamfanin da ya durƙushe.

Wannan ya ba kamfanin sararin numfashi, amma bai cire sunan jarumin daga takardun da ya sa wa hannu ba. Bankin Canara ya bi gidansa da ke unguwar Juhu a Mumbai, wato Bombay ta da. A Afrilu 1999 Babbar Kotun Bombay ta hana shi sayar da gidan da wasu ɗakunan bene biyu har sai an kammala shari'ar bashin. Shi kuma ya shaida wa kotu cewa tuni ya jinginar da gidan ga kamfanin kuɗi na Sahara don samo wa ABCL kuɗi. Tashar talabijin ta gwamnati, Doordarshan, ita ma tana cikin manyan masu bin bashi.

Bisa abin da ya faɗa da bakinsa daga baya, jimillar bashin ta kai rupi miliyan 900, wato kimanin dala miliyan 21 a canjin wancan lokaci, ga ƙararraki wajen 55, ga masu bin bashi a ƙofar gida kullum. Yana da shekara 56, kuma babu furodusan da ke neman sa. Ya kuma bayyana cewa attajirin nan Dhirubhai Ambani ya aiko da tayin kuɗin da zai fitar da shi, ya yi godiya bai karɓa ba. Wasu abokai, irin su ɗan siyasa Amar Singh da mai kamfanin Sahara, Subrata Roy, sun tsaya masa a wannan tsakani.

Ayyuka biyu na shekarar 2000

Na farko shi ya je ya nema. Gidan furodusa Yash Chopra ba shi da nisa da nasa, ya taka ya je ya ce masa ba shi da aiki. Abin da aka ba shi shi ne rawar shugaban makaranta mai tsauri a fim ɗin Mohabbatein, wanda Aditya Chopra ya ba da umarni: dattijo mai gemu, uban 'ya, wanda ke tsaye a matsayin katanga tsakanin samari da soyayya. Jarumin labarin Shah Rukh Khan ne. An fitar da fim ɗin ranar 27 ga Oktoba, 2000, ya yi kasuwa sosai, kuma ya kawo masa kyautar Filmfare ta gwarzon mataimakin jarumi, wato matakin da ya baro tun farkon shekarun 1970.

Na biyu zuwa aka yi aka same shi da shi. Tashar Star Plus, wadda a lokacin take bayan Zee da Sony, ta sayi lasisin wani shirin kacici-kacici na Birtaniya daga kamfanin Celador, tana neman mai gabatarwa. A Indiya ta lokacin, jarumin silima ya koma talabijin alama ce ta cewa tasa ta ƙare, don haka iyalinsa da na kusa da shi ba su so ba. Bai amsa ba sai da aka kai shi Landan ya ga yadda Chris Tarrant ke ɗaukar na Birtaniya, ya kuma nemi a yi na Indiya da irin wannan inganci na dandali da fitilu da sauti.

Shirin Kaun Banega Crorepati ya fara ranar 3 ga Yuli, 2000, ƙarfe 9 na dare, Litinin zuwa Alhamis. Tsarinsa a wancan lokacin mai sauƙi ne. Mutum 10 ke zama, wanda ya riga sauran jera amsa daidai shi ke hawa kujera. Tambayoyi 15 ne, kowace da zaɓi huɗu, daga rupi 1,000 zuwa miliyan 10. Akwai matsaya biyu, a tambaya ta 5 da ta 10, inda abin da mutum ya ci ba ya zubewa, wato rupi 10,000 da rupi 320,000. Akwai agaji uku: a cire amsoshi biyu na ƙarya, a tambayi 'yan kallo, ko a bugo wa aboki waya. Aikin mai gabatarwa shi ne ya riƙe hira da malamin makaranta ko akawu ko matar aure da ba su taɓa zama gaban kyamara ba, ya kwantar musu da hankali, ya kuma ja lokaci kafin ya faɗi sakamako. Ya yi wannan da farin gemunsa, da kwat, da tsantsar Hindi irin ta gidan da ya tashi, yana girmama duk wanda ya zauna gabansa.

Cikin 'yan makonni Star Plus ta zama tasha ta ɗaya. Zee ta mayar da martani a ƙarshen shekarar da nata shirin mai kyautar rupi miliyan 100, ninki 10 ke nan, Anupam Kher da Manisha Koirala na gabatarwa, amma bai yi nisa ba aka rufe shi. Sony ta gwada da Govinda a 2001, shi ma bai daɗe ba.

Duk wannan yana yi ne cikin rashin lafiya. Ya bayyana daga baya cewa a daidai lokacin fara shirin aka gano yana da tarin fuka a ƙashin baya, ya yi kusan shekara guda yana shan magani.

Biyan bashin: 2000 zuwa 2005

Jaridun Indiya sun ruwaito cewa rupi miliyan 150 aka biya shi kan shirye-shirye 85 na farko da ya gabatar. Kuɗi ne mai yawa, amma kashi ɗaya ne cikin shida na bashin. Abin da shirin ya fi yi shi ne ya mayar da shi mutumin da kamfanoni ke son a ga kayansu a hannunsa. Tallace-tallace suka yi ta zuwa: banki, alƙalami, yadi, fenti, lemon kwalba, magungunan gargajiya. Talla kwana ɗaya ko biyu take ci, ana biya nan take, kuma babu ruwan mai yin ta da ko silima ta cika. Lokacin da rahotannin samun tsutsa a wasu cakulan na Cadbury suka girgiza kasuwar kamfanin a ƙarshen 2003, shi aka ɗauko a 2004 ya yi wa jama'a bayanin sabon ƙunshin. Gwamnati ma shi ta sa a gaba a gangamin rigakafin shan inna.

A fim kuma ya koma ɗan ƙwadago mai karɓar ladan aikinsa, ba mai zuba jari ba. Ya fito a uba a 2001 da 2003, a malamin yarinya kurma makauniya a fim ɗin Black na 2005, a uban daba na siyasa a wani fim na wannan shekarar. A 2004 kaɗai finafinansa sun kusa 10. An bi masu bin bashi ɗaya bayan ɗaya ana sasantawa. Bankin Canara ya janye ƙararsa kafin ƙarshen 2000. Da Doordarshan ta nemi kuɗin ruwa bayan uwar kuɗi, a cewarsa, sai ya yi mata tallace-tallace a madadinsa. Ya ce ya biya kowa.

Aikin ya ci jikinsa. A ƙarshen Nuwamba 2005 aka kwantar da shi a asibitin Lilavati aka yi masa tiyatar hanji, zagaye na biyu na shirin Kaun Banega Crorepati ya tsaya bai kai ƙarshe ba. Shah Rukh Khan ya gabatar da na uku a 2007, sannan shi ya dawo kujerar a 2010, a tashar Sony. Masu sharhi sun yi ta sukarsa kan yawan talla da karɓar kowane irin fim, kuma gaskiya wasu finafinan na wannan tsakani ba su da abin kallo. Amma cikin kyaututtuka huɗu na gwarzon jarumi na ƙasa da ya samu, uku sun zo ne bayan karayar, kan finafinan 2005 da 2009 da 2015.

Abin da ya kayar, da abin da ya tayar

An fi ɗora laifin kan gasar Bangalore, amma ita ta gaggauta faɗuwar ne kawai. Kamfanin ya buɗe harkoki shida kafin ko ɗaya ta fara ciyar da kanta, ya ɗauki kashe kuɗi na wata-wata a kan kuɗin shiga na sa'a, kuma babbar kadararsa suna ne wanda farashinsa a silima ya riga ya sauka tun 1989. Ra'ayin mayar da harkar fim ta zama ta kamfani mai littafin lissafi ba kuskure ba ne, ya dai riga lokacinsa. Sai a 1998 gwamnati ta amince da fim a matsayin masana'anta, rancen banki na sosai ya biyo baya daga 2000, manyan silimu masu ɗakuna da yawa kuma sai a farkon shekarun 2000 suka yaɗu. Kamfanoni irin su UTV da suka ginu bayan haka sun tarar da hanya a share.

Kuskure mafi tsada shi ne sa hannun tsayawa da ƙashin kai, domin shi ya mayar da matsalar kamfani ta zama ta gida. Na biye da shi shi ne shekaru ukun da aka ɓata ana sayar wa masu kallo saurayin 1975 a jikin dattijon 1998, kuma da kuɗin kamfanin da ke nutsewa. Zuwa BIFR bai biya ko rupi ɗaya ba, lokaci kawai ya saya, amma ba don wannan lokacin ba da babu abin da ayyukan 2000 za su tarar su ceta.

Abin da ya yi aiki shi ne ya sayar da abin da yake da shi a lokacin: murya, kwarjini, shekaru, da amincin da tsararraki biyu suka ba shi. Faɗuwar shirin Zee mai kyauta ninki 10 ta nuna ba kuɗin kyautar ne ke tara mutane gaban akwati ba. Akwai kuma sa'a a ciki, domin tashar da ke neman mafita da jarumin da ke neman aiki sun haɗu a shekara guda, kuma ba kowane wanda ya karye ba ne ke da maƙwabci irin Yash Chopra.

Kamfanin kansa bai zama abin da aka yi buri ba. An farfaɗo da shi da sunan AB Corp, ƙarami, yana shirya fim jefi-jefi tare da abokan tarayya, kamar Paa na 2009. Hukumar BIFR kuwa an rushe ta a Disamba 2016, sabuwar dokar karayar arziki ta maye gurbinta. A ƙarƙashin wannan doka ana karɓe ragamar kamfani daga hannun masu shi a damƙa wa wani jami'i na daban, ana kuma ba da kwana 180, da ƙarin 90, a cim ma matsaya ko a sayar da kadarori. Tun 2019 dokar ta shafi har waɗanda suka tsaya wa kamfani da ƙashin kansu.